Bakin Inna da Farfesun Goggo

Ni ce 'yar farin Inna. A gidanmu na Fagge wannan ba matsayin taƙama ba ne, don Inna irin matan da ce, waɗanda suka riƙe kunyar ɗan fari da hannu bibbiyu. Tun da na yi wayo ban taɓa jin sunana a bakinta ba. In tana nemana sai ta ce, "Ina waccan?" In baƙi suka tambaye ta ko ni wace ce, sai ta kawar da kai ta ce, "'Yar Goggo ce." Goggo yayar mahaifinmu ce. Ita aka kai wa ni da aka yaye ni, a ɗakinta na girma, can bayan layin masu ɗinki. Ita ta yi mini kitso, ita ta sa ni a makaranta, ita ta tsaya a kan aurena. Inna kuwa ko ranar da za a kai ni ɗakin miji a bayan labule ta tsaya.

Ban taɓa ɗaukar abin a matsayin ƙiyayya ba, na san ita ma haka aka yi mata. Amma in na ce bai taɓa ci mini rai ba na yi ƙarya. Ina kallo Autarmu za ta faɗa jikinta, ta ƙwace goron da ke hannunta, su yi ta hira har da tafawa. Ni kuwa in na shigo gaisuwa sai ta gyara ɗaurin ɗankwali kamar surukinta ne ya yi sallama. Ga shi Allah ya yi ni da zuciya a kusa, abu kaɗan na hau. Inna ce kaɗai mutumin da ban taɓa samun hanyar yi wa faɗa ba, don ba ta taɓa kallon idona ba balle mu kai ga nan.

Ciwon daji ya kama ta a nono. Aka yi aiki aka cire, likita ya ce saura ƙarin ruwan magani, wanda 'yan asibiti ke ce wa kemo. Mahaifinmu ya daɗe da rasuwa, ƙanena yana aiki a Legas, Auta tana aure a Fatakwal da jariri a hannu. Ni ce a Kano, ina koyarwa a wata firamare a Sabon Gari. Ba a yi wani taro a kai ba. Na gaya wa maigidana, na haɗa kayana, na tare a ɗakin da ke kallon nata.

Likitan bai yi mana kwana-kwana ba. Ya ce maganin kashi-kashi ne, kowane kashi da lokacinsa. Kafin kowanne za a ɗora ta a sikeli, a duba jininta. In jiki ya yi rauni dole a ɗaga, kuma yawan ɗagawa sarari yake ba ciwon. Wannan maganar na riƙe. Na fito daga ofishinsa ina cewa a raina, in dai ina numfashi, Inna za ta gama maganin nan.

Na shirya wa amai, na shirya wa zubewar gashi, har ɗankwalaye masu laushi na saya mata. An ambaci baki a cikin jawabin da aka yi mana, amma a tsakanin waɗannan manyan abubuwa wa zai tsaya a kan baki? Bayan kashi na biyu sai Inna ta daina cin goro. Inna da gara ta rasa karin kumallo da ta rasa goro. Maganarta ta ragu, to amma da ma da ni ba magana take yi ba, ta ina zan gane? Kwanon abinci kuma yana dawowa wayam, ina ta hamdala. Sai da aka kwana biyu na lura kajin gidan sun tare a ƙofar ɗakinta, suna ta ƙiba, ita tana ramewa.

Ina makaranta lokacin hutun tara wayata ta yi ƙara. Auta ce.

"Yaya, kin duba bakin Inna kuwa? Ta ce mini duk ya ɗaye, ko ruwa da ƙyar take haɗiyewa."

"Yaushe ta gaya miki?"

"Tun shekaranjiya take faɗa. Na zaci kin sani."

Na tsaya a barandar aji raina yana tafasa. Ƙofata da tata suna kallon juna, in ta yi tari ina ji, amma sai da labarin bakinta ya je Fatakwal ya dawo kafin ya iso kunnena. Na nemi izini wajen hedimasta, na tari adaidaita sahu.

Na same ta a kan tabarma, ta ja mayafi ta rufe rabin fuska. A gefen buta ga asuwakinta, bakinsa ja da jini.

"Inna, buɗe bakin in gani."

Ta juya ta fuskanci bango. Daga ni sai ita a ɗakin, amma cewa ta yi, da muryar da ke fita da ƙyar, "A ce wa waccan lafiyata ƙalau."

Na yi lallashi, na yi magiya, na kawo sunan likita. Ta ƙeƙasa ƙasa. Na fita tsakar gida na kori kajin nan da tsintsiya, su da ba su san hawa ba ba su san sauka ba.

Washegari na kai ta asibiti. Sikeli ya tona asiri, ta zube sosai. Nas ɗin da ke kula da masu kemo, wadda kowa ke kira Sista, Kirista ce 'yar wajen Zariya, gidanta a Sabon Gari kusa da makarantarmu. Doguwa ce mai barkwanci, Hausarta ta fi tawa daɗi. Ta sa safar hannu ta ce, "Mama, a buɗe mini." Inna ta buɗe mata ba musu. Sista ta yafito ni in zo in gani, ina matsowa Inna ta datse baki.

Sista ta dube ni, ta dube ta, ta yi dariya. "'Yar fari ce ko?"

Na ce, "Ita ce."

"To Mama, ba komai. Rufe idonki. Ni ce mai dubawa, ita fitila kawai za ta riƙe mini."

Inna ta rufe ido, ta buɗe baki. Na haska fitilar wayata, kuma a ranar na fara ganin cikin bakin uwar da ta haife ni. Cikin kumatunta ja wur, fatar ta saɓule a wurare. Gefen harshe ga gyambo nan fari-fari da jan baki. Dasashi ya kumbura, leɓe ya tsattsage, can wajen ganɗa kuma wani farin abu ya kwanta kamar kindirmo. Da wannan bakin take amsa gaisuwar mutane tana cewa da sauƙi.

Likita ya ɗaga kashi na uku. Da muka fito Sista ta zaunar da ni a benci ta yi mini bayani. Ta ce maganin yana bin duk abin da ke saurin tofo a jiki ne, shi ya sa gashi ke zubewa, fatar cikin baki ma haka. Ciwon bakin yakan taso bayan mako guda ko fiye da shan kowane kashi, ya lafa, ya sake dawowa. Ta ce dole a samu mai duba bakin kullum da safe, a wuri mai haske: leɓe, cikin kumatu, saman harshe da gefensa da ƙarƙashinsa, dasashi, ganɗa. In ga ko ja ne kawai ko ya fashe, ko ya ƙaru a kan na jiya, ko farin nan yana yaɗuwa.

"Kuma kada ki tambaye ta ko da sauƙi," in ji Sista, "duk tsofaffinmu da sauƙi suke har a ɗauke su ranga-ranga. Ki duba me take iya ci. In tana cin tuwo, muna lafiya. In sai kunu, ki kira ni. In ruwa ma ya gagara, ko jikinta ya yi zafi, kada ki kira kowa, ki ɗauko ta kawai."

Likita ya rubuta maganin ɗigawa saboda farin nan, da wani mai kashe zafi da ake shafawa kafin cin abinci. Sauran kuwa aikin gida ne. Daga asibiti na sauke Inna na wuce Kasuwar Sabon Gari. Na sayi buroshin jarirai mafi laushi. Na shiga layin masu kayan kek neman bekin soda, mai shagon ya dage sai ya ba ni hodar tashin kek wai duk ɗaya ne. Na ce masa ba cincin zan yi ba, ya ba ni abin da na tambaya. A kemis na sayi ma'aunin zafin jiki. Mai kemis ɗin ya miƙo mini wani koren ruwan kurkure baki mai ƙamshi, na tuna Sista ta ce irinsa yana da sinadarin da ke ƙone gyambo, na mayar masa.

Saura babban aikin. Da hantsi na shimfiɗa tabarma a bakin ƙofarta inda rana ke faɗowa, na wanke hannu, na sa takunkumi, na tsaya na ce wa iska, "Sista ta aiko a duba." Ba ta fito ba. Na ce ba inda za ni, ko makaranta ba zan je ba. Can sai ga ta ta fito, ta zauna, ta runtse ido, ta buɗe baki. Haka muka ɗore. Ban taɓa cewa ni ce zan duba ba, ita ma ba ta taɓa buɗe ido ba. In na taɓa wajen da ke zafi da bayan cokali sai ta bugi tabarma da tafin hannu. Da wannan bugun tabarmar muka yi hirar da ta fi kowace tsawo a tsakaninmu.

Kurkure baki ya so ya ba ni wahala, don in na miƙa mata kofi ba za ta karɓa daga hannuna ba. Sai na lura abu ɗaya ne Inna ba ta tsallakewa ko tana mutuwa, wato alwala. Na riƙa tafasa ruwa ya huce, in sa ɗan gishiri da ɗan bekin soda yadda Sista ta nuna mini, in ajiye kofin a jikin butarta. Duk sallah sai ta tarar da shi, bayan cin abinci ma in tura shi kusa da ita in fita. Asuwaki ne muka yi ja-in-ja a kansa, ita da bango, ni da ita. Na ce icen nan ne ke fasa mata dasashi, ta ajiye shi har ta warke. Ta yi kamar ba ta ji ba. Da safe na ga buroshin jariran a jiƙe, asuwakin kuma an soke shi a jikin katanga.

Abinci kuwa sai da na koma ɗalibar tukunya. Duk abin da muka sani na marar lafiya a gidanmu, Sista ta soke shi. Ba yaji, ba tsami, ba mai zafi, ba mai ƙarfi. Na riƙa dama kunun gyaɗa ba tsamiya, in sa madara, in bar shi ya huce. Tuwon shinkafa ruwa-ruwa da miyar kuɓewa ba ko ƙwayar barkono. Dafaffiyar kabewa, ƙwai, ayaba, gwanda. Nama sai na markaɗa shi a cikin miya. In shafa mata maganin kashe zafi, in ɗan jira, sannan in ajiye kwano in koma bayan ƙofa ina leƙe, tsintsiya a hannu saboda kaji. Leɓenta kuma man kaɗanya. Ni kaina in na ɗanɗana abincin sai in ji tausayinta, lami ne salam. Amma farin nan ya fara bajewa, gyambon gefen harshe ya fara haɗewa, bugun tabarma ya ragu.

Duk wannan Goggo ba ta gari, ta je biki wajen danginmu na gabas ta daɗe. Ranar da ta dawo, da la'asar, sai ga ta da kula a hannu da filas a hammata. Goggo mace ce mai jiki da murya, in ta yi sallama a zaure har maƙwabta sai sun amsa. Ta dubi Inna ta tafa hannu.

"Innalillahi! Me ake ba matar ƙanena ta koma haka?"

Ta buɗe kwanon da ke gefe ta ga kabewa, ta ɗanɗana, ta yatsine fuska. "Wannan ko jariri aka ba sai ya tofar. Bakin marar lafiya mutuwa yake yi, sai an tashe shi da ɗan yaji da ɗan tsami."

Haka muka tashi muka gani, kuma da zuciya ɗaya ake yi. Duk wanda ya kwanta a unguwarmu, farfesu mai yaji da kunun tsamiya ne ke tashinsa. Ni ma da su Goggo ta yi jinyata duk lokacin da zazzaɓi ya kayar da ni. Ta buɗe kula, ƙamshin citta da masoro da attaruhu ya cika ɗakin, farfesun kayan ciki ne yana tururi.

Na ce, "Goggo, an hana ta. Bakinta gyambo ne."

"Wa ya hana? Ke?" Ta harare ni. "Ni na raine ki da wannan farfesun, ga ki nan ƙatuwa. Matsa."

Duk zafin zuciyata, a gaban Goggo ni yarinya ce. Na dubi Inna ina roƙonta da ido, amma ina, ba ta kallona. Kuma a tarbiyyar Inna, yayar miji ta dafo abu da hannunta ta kawo dubiya, a ce ba za a ci ba? Ta karɓi kwanon. Ta kai cokali na farko, na ga wuyanta ya ɗaure. Hawaye ya zubo mata, Goggo ta ce, "Yawwa, ya fara aiki." Ta sha ya kai rabi, ta kora da kunun tsamiya mai zafi, ta ce, "An gode, Yaya. Allah ya saka da alheri."

Da safe da na haska fitila na ga duk abin da muka gina ya rushe. Wuraren da suka fara haɗewa sun buɗe, har da sababbi. Ta bugi tabarma tun kafin cokali ya taɓa ta. Ranar kunu ya gagara. Kashegari ruwa ma sai ta riƙe shi a baki ta zubar. Da azahar na taɓa goshinta na ji zafi, ma'auni ya tabbatar. Ban kira kowa ba, na ɗauko ta.

Aka kwantar da ita, aka sa mata ruwa da allurai. Na shiga zagin farfesu a gaban Sista, ta ce in yi a hankali, ba shi ya kawo zazzaɓin kai tsaye ba. Jinin Inna ne ya yi ƙasa saboda maganin, buɗaɗɗen gyambo kuma ƙofa ce ga ƙwayoyin cuta. Likita ya sake ɗaga kashi na uku. Ya ce in aka sake samun haka, dole ya rage ƙarfin maganin, kuma ba ya so.

A gadon asibitin nan na yi wa Inna maganar da ban taɓa yi ba. Tana kwance ta ba ni baya. Na ce, "Inna, ni ban ce ki kira sunana ba, na daɗe da haƙura da wannan. Ban ce ki yi hira da ni ba. Amma ina jin tsoro. Kunyar Goggo za ki ji, ki ji tawa, ki ji ta duk wanda ya shigo da kwano, har ciwon nan ya dawo ya same mu muna kunya. Ni uwa ɗaya gare ni da ta haife ni, kuma ban gama ganinta ba." Ba ta motsa ba. Na ɗauka ma barci take, sai na ga ta ja mayafi ta goge ido.

Na je har gida na sami Goggo, na durƙusa na yi mata bayani dalla-dalla. Ta saurare ni tana taunar goro, ta ce asibiti sun san allura amma ba su san abinci ba, kuma yunwa ce ta kwantar da Inna ba farfesunta ba. Ta ƙara da cewa boko ya sa na fara raina hannun da ya ciyar da ni. Na fito ina kuka don haushi, don ina sonta kuma na san ba ta ji ba.

Muka dawo gida muka sake daga farko. Tabarma, fitila, kofi a jikin buta, kabewa. A hankali baki ya haɗe, sikeli ya ɗan motsa, aka ba ta kashi na uku. Sista ta tambayi likita, ya ce irin maganin Inna tsotson ƙanƙara lokacin da ruwan ke shiga yana rage ɗayewar baki. Na tafasa ruwa na kai gidan wata abokiyar aikina a Sabon Gari mai firjin da ba ya rasa wuta, na ɗauko a filas. Inna ta zauna tana tsotsa tana ɓata fuska, Sista tana tsokanarta wai Mama ta koma 'yar firamare.

Na san kwanakin da bakin ke tasowa, ina jiransu. Suka zo, cikin kumatu ya yi ja, ƙaramin gyambo ɗaya ya fito a gefen harshe, amma tana cin tuwonta mai laushi. A cikin kwanakin nan ne, ranar wata Juma'a da yamma, na ji sallamar Goggo daga zaure. Wannan karon ba ita kaɗai ba ce, da ƙawayenta biyu na unguwa, ga kula, ga filas.

Na riga na yanke tun a asibiti: in kwanon nan ya sake nufar bakin Inna, zan karɓe shi daga hannun Goggo, a gaban ko waye. Na san abin da zai biyo baya. Kafin magariba duk Fagge za ta ji cewa yarinyar da Goggo ta raina ta ci mutuncinta a gaban mutane, kuma wataƙila ba za ta sake taka gidan ba. Na matso na tsaya a jikin ƙofa.

Aka gaisa, aka yi ya jiki. Goggo ta zuba farfesu, ta ce wannan karon ta rage attaruhu saboda masu ƙorafi, tana faɗa tana harara ta. Ta miƙa wa Inna. Na ɗaga ƙafa.

Inna ta karɓi kwanon da hannu biyu yadda ta saba. Ta dube shi. Sai ta ajiye shi a kan tabarma, ta tura shi a hankali har gaban Goggo.

"Ki yi haƙuri, Yaya," ta ce. "'Yata ta hana ni."

Ƙawayen Goggo suka dubi juna. Ni kuwa ƙafar da na ɗaga ban san yadda na sauke ta ba.

"Wace 'yar taki?" in ji Goggo. "Auta tana Fatakwal."

Inna ba ta ɗago ba. Ta nuna ƙofa da haɓa, inda nake tsaye. "Ga ta nan. Ita ke duba bakin, ita ta san abin da ke ciki."

Goggo ta daɗe tana kallonta. Na zaci faɗa za ta yi. Sai ta saki wata dariya da hawaye a ciki, ta ce, "Yau kuma? Na yi wanki, na yi kitso, na aurar, sai da ta fara furfura za a zo a karɓe mini?" Ta jawo kwanon gabanta, ta ce wa ƙawayenta su sa hannu kada a yi asarar kayan ciki. Ta dube ni ta ce, "Ke kuma uwar iyayi, je ki kawo wa uwarki wannan abin naku marar gishiri." Na tafi madafa, na daɗe a can fiye da yadda ɗumama kabewa ke bukata.

Ba a sake ɗaga wa Inna magani ba har ta gama. Bakin ya riƙa tasowa bayan kowane kashi, muna tarar sa da wuri, bai ƙara kai ta gado ba. Goggo ba ta taɓa yarda cewa farfesunta ya yi laifi ba, amma daga ranar ayaba take kawowa, tana ajiyewa tana mita. Sunana kuwa har yau Inna ba ta kira ba, kuma na daina jira.

Washegarin ranar Juma'ar nan, da hantsi, na shimfiɗa tabarma a bakin ƙofa, na wanke hannu, na sa takunkumi. Na buɗe baki zan ce Sista ta aiko, sai na ga ta riga ta fito ta zauna. Na durƙusa na kunna fitila ina jira ta runtse ido. Ba ta runtse ba. Ta dube ni sosai, ido cikin ido, ta ɗaga yatsa ta nuna gefen harshenta na hagu.

"Nan ne ke mini zafi," ta ce. "Duba mini."

Na duba. Gyambon bai ƙaru a kan na jiya ba.